Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Majalisar Dattawa: Dakatarwar da Ba Ta da Ranar Ƙarewa Kora Ce

Mai girma Shugaban Majalisar Dattawa, masu girma sanatoci,

Assalamu alaikum. Ranku ya daɗe, Allah ya taya ku riƙo.

Akwai tambayar da ta faɗo ƙofar zaurenku tun ranar Alhamis, 20 ga Fabrairun 2014, kuma har yau ba ku waiwaye ta ba: wa ke da ikon dakatar da ma'aikacin gwamnati, kuma har zuwa yaushe? A ranar ce Shugaba Goodluck Jonathan ya dakatar da gwamnan Babban Bankin Najeriya, Malam Sanusi Lamido Sanusi, yana can Yamai wajen taro. Sanarwar da Reuben Abati ya fitar daga fadar shugaban ƙasa ta zarge shi da almubazzaranci da dukiyar banki da saɓa ƙa'idar aiki. Aka ba Sarah Alade riƙon ƙwarya. A ranar dai aka aiko wa majalisarku sunan Godwin Emefiele a matsayin wanda zai gaji kujerar. Da Sanusi ya sauka a filin jirgin sama na Legas, jami'an SSS suka karɓe masa fasfo.

Ba wankin Sanusi ya sa na ɗauki alƙalami ba. Yana da bakinsa, kuma kowa ya shaida bai taɓa rasa abin faɗa ba. Ni tsohon ma'aikaci ne, a sashen kula da ma'aikata na yi aiki har na yi ritaya, fayilolin ladabtarwa sun sha bi ta hannuna. Damuwata ita ce ƙofar da aka ɓalle a ranar, wadda tun daga lokacin babu gwamnatin da ta zo ta ƙi shiga ta cikinta.

Dokar Babban Banki ta 2007, wadda majalisarku ta yi da hannunta, ta faɗa a sashe na 11 cewa shugaban ƙasa na iya cire gwamnan banki, amma sai da goyon bayan kashi biyu bisa uku na sanatoci. Ba ta ambaci cewa yana iya dakatar da shi ba. Hikimar a fili take: mutumin da ke riƙe da makullin baitulmalin ƙasa ya iya ce wa fadar shugaban ƙasa a'a ba tare da ya kwana da fargabar takardar sallama ba. Lauyoyin gwamnati suka ɗauko dokar fassarar dokoki, wadda ta ce mai ikon naɗawa yana da ikon cirewa ko dakatarwa. Shugaban ƙasa da kansa ya fito a talabijin ya ce ai ba kora aka yi ba, Sanusi yana nan a matsayin gwamna, bincike kawai ake yi. To, ranku ya daɗe, wa'adin mutumin a watan Yunin shekarar zai ƙare, bai kai wata huɗu ba. In an ce ka zauna a gida har a gama binciken da ba a sa wa rana ba, alhali saura maka 'yan makonni, mene ne bambancin wannan da kora? Bambancin ɗaya ne tak: ba a zo an nemi ƙuri'unku ba. An zagaye ku, ku kuma kuka tantance magajin a watan Maris kamar babu abin da ya faru.

Ku dubi yadda lokutan suka jeru. A Satumbar 2013 Sanusi ya rubuta wa shugaban ƙasa cewa kamfanin NNPC bai saka dala biliyan 49.8 na kuɗin ɗanyen mai a asusun tarayya ba. Da aka zauna aka daidaita lissafi a Disamba, ya sauko zuwa biliyan 12, ministar kuɗi Ngozi Okonjo-Iweala ta ce 10.8 ne. A farkon Fabrairun 2014 ya tsaya gaban kwamitinku na kuɗi, wanda Sanata Ahmed Maƙarfi ke shugabanta, ya ce biliyan 20 ne ba a ga bayaninsu ba. Masu sukarsa sun ce mutumin da alƙalumansa ke sauyawa haka ba abin dogara ba ne, kuma suna da hujjarsu. Amma rahoton da aka dogara da shi wajen dakatar da shi, na hukumar da ke sa ido kan rahotannin kuɗi, tun tsakiyar 2013 yake ajiye. In laifin ya kai girman da ba za a iya barin mutum a ofis ba, me ya sa aka bar shi yana sa hannu a takardun banki watanni bayan rahoton ya iso? Me ya sa sai bayan ya yi magana a gabanku aka tuna da fayil ɗin? Wanda duk ya yi aikin ofis ya san irin wannan fayil. Ba a buɗe shi ranar da aka yi laifi, sai ranar da aka ɓata da oga. Daga baya kamfanin binciken kuɗi na PwC ya bi diddigin kuɗin, ya ce akwai aƙalla dala biliyan 1.48 da ya kamata a mayar wa gwamnati. Ba biliyan 20 ba ne, amma kuma ba iska mutumin ya kama ba.

Ya je kotu. A Legas, Babbar Kotun Tarayya ta ce a mayar masa da fasfonsa, a biya shi diyyar naira miliyan 50. Amma a kan ainihin maganar, a watan Mayun 2014 Mai shari'a Gabriel Kolawole na Abuja ya ce ba huruminsa ba ne, rikici ne tsakanin ma'aikaci da wanda ya ɗauke shi aiki, ya tura ƙarar Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Ana cikin haka Allah ya yi wa Sarkin Kano Alhaji Ado Bayero rasuwa ranar 6 ga Yuni, kwana biyu bayan nan aka naɗa Sanusi, daga baya aka janye ƙarar. Shi ya samu rawani, tambayar kuma aka binne ta da ranta.

Shekara tara bayan haka, ranar 9 ga Yunin 2023, Shugaba Bola Tinubu ya dakatar da Emefiele ta wannan ƙofar dai, ba tare da an zo gabanku ba. Jam'iyyar APC da ta yi tir da abin da aka yi wa Sanusi tana adawa, ita ce ta maimaita shi tana mulki. Mutane da yawa sun yi tafi, don raɗaɗin canjin kuɗi bai bar jikinsu ba, kuma ban ga laifinsu ba. Tuhume-tuhumen da aka yi masa daga baya wannan tsakaninsa da alƙalai ne. Ni dai abin da na gani shi ne doka ta ce kashi biyu bisa uku, an sake tsallake ta, kuma wannan karon ko gardamar ma ba ta yi ƙarfi ba, don an riga an saba.

Wani zai ce ai kotu tana nan. Bari in tuna muku Mounir Gwarzo. A ƙarshen Nuwamban 2017 ministar kuɗi Kemi Adeosun ta dakatar da shi daga shugabancin hukumar SEC mai kula da kasuwar hannayen jari, bisa zarge-zargen da suka haɗa da karɓar kuɗin sallama na sama da naira miliyan 104. Shi kuma ya ce binciken da hukumarsa ke yi wa kamfanin mai na Oando ne ya jawo masa. A Afrilun 2019 wata babbar kotu a Abuja ta sallame shi daga tuhumar kuɗin sallamar. A ƙarshen Mayun shekarar Kotun Ma'aikata ta ce minista ba ta da ikon dakatar da shi tun farko, a mayar da shi, a biya shi haƙƙoƙinsa. Shekara ɗaya da rabi ke nan kafin a faɗi abin da karanta dokar hukumar zai nuna cikin yini guda. Kuma bai koma kujerar ba. Mary Uduk ta ci gaba da riƙo har aka naɗa Lamido Yuguda a 2020.

Sauran kun san su. Ibrahim Magu na EFCC an dakatar da shi a Yulin 2020, kwamitin Mai shari'a Ayo Salami ya miƙa rahoto a Nuwamba, gwamnati ba ta fito da shi ba, a 2022 kuma aka ƙara masa girma zuwa mataimakin sufeto janar na 'yan sanda. Ɓarawo ne aka yi wa ƙarin girma, ko mai gaskiya ne aka shafa wa kashin kaji? Hadiza Bala Usman an ce ta koma gefe daga hukumar tashoshin jiragen ruwa a Mayun 2021, aka maye gurbinta a Fabrairun 2022, a 2023 kuma ga ta mai ba shugaban ƙasa shawara. An yi, ba a yi ba.

Waɗannan duk manya ne. Suna da manyan lauyoyi, suna da 'yan jarida, suna da abin da za su ci shekara biyu ba su ji a jikinsu ba. Wanda ya sa na rubuto ba ya cikinsu.

A wata ma'aikata da na yi aiki, akwai wani mai kula da sito, ɗan mataki na 6. Aka kawo kaya ba su cika ba, aka ce ya sa hannu cewa sun cika, ya ce shi abin da ya ƙirga zai rubuta. Ba a jima ba sai ga takardar neman bahasi, wai kaya sun yi ɓatan dabo a hannunsa, ya ba da amsa cikin awa 72. Ya zauna a benci a bakin rajista ya rubuta amsarsa da biro, ya liƙa kofen takardar karɓar kaya, masinja ya buga hatimi. Amsar ba ta hana komai ba, takarda ta biyu ta fito: an dakatar da shi daga aiki, an tsayar da albashinsa, har sai an kammala bincike. Kwamitin da zai saurare shi bai zauna ba. Yau a ce shugaban kwamiti ya tafi Umara, gobe a ce babu kuɗin zama, jibi a ce fayil yana teburin oga. Duk ranar Litinin sai ya zo cikin kaftaninsa mai guga, ya bi ofis-ofis yana gaisuwa, a ce masa "ana kan bincike, ka ƙara haƙuri". Abokan da suke cin abinci kwano ɗaya suka fara sauya hanya in sun hango shi, don kada a ce suna tare. Aka cire shi daga adashin ofis. Mai shagon unguwa ya rufe masa littafin bashi. Aka koro yaransa daga makaranta. Abin da ya fi ci masa rai, kamar yadda ya faɗa mini da bakinsa, shi ne a masallacin unguwarsu an daina ba shi ajiyar kuɗin gyaran rufi, ba tare da kowa ya ce masa uffan ba. Damina biyu ta wuce kafin wani sabon babban sakatare ya ce a kawo masa tsofaffin fayiloli, ya karanta, ya ce babu laifi. Aka mayar da shi, aka ce za a biya shi bashin albashinsa in kuɗi sun samu. Wanda ya danne fayil ɗin kuwa ko tambayarsa ba a yi ba.

Kuma ba wai babu ƙa'ida ba ne. Kundin ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayya bugun 2008, wanda muka yi aiki da shi, ya ce kada a dakatar da ma'aikaci sai an ga alamar laifi mai girma ƙarara, kuma barinsa a kujera zai cutar da jama'a. Ya tanadi mataki mafi sauƙi, inda za a janye mutum daga aiki ana ba shi aƙalla rabin albashi. Ya ce a fara shari'ar ladabtarwa a gama ta cikin kwana 60, in ba maganar ta shafi laifin da za a kai kotu ba. Matsalar ita ce kundin bai faɗi abin da zai faru a rana ta 61 ba. Ma'aikacin da ya makara da amsa bayan awa 72 ya shiga uku. Hukumar da ta makara da shekara biyu ba abin da ya same ta. A tsawon wannan lokaci mutum yana nan a matsayin ma'aikaci, don haka ba zai nemi wani aiki ba, kasuwanci ma tsarin mulki ya hana shi in ban da noma, barin gari sai ya sanar, fita ƙasar waje sai da izini. In ya gaji ya nufi kotu, lauyan gwamnati na iya tarar sa da dokar kare jami'an gwamnati, ya ce ka wuce wata uku ba ka kawo ƙara ba. Wata ukun da ya ɓata yana bin ofisoshi ana ce masa ya ƙara haƙuri.

Mu da muka taso a gidajen Musulmi mun san irin wannan hali a wani fagen. Mace ce miji zai jingine, ba ita ga aure ba, ba ita ga zawarci ba. Alƙur'ani ya hana a bar mace a rataye haka, kuma mijin da ya yi rantsuwar ƙaurace wa matarsa an yanka masa wata huɗu, ko ya dawo ko ya sawwaƙe mata. Shari'a ba ta amince a riƙe mutum a tsakiya ba tare da wa'adi ba ko a cikin ɗakin aure, inda ake da soyayya da 'ya'ya a tsakani, balle a ofis.

Na san abin da manyan sakatarori za su ce, don na zauna da su. Za su ce in ka bar wanda ake zargi a kan kujera, kafin gari ya waye takardu sun ɓace, shaidu sun sauya baki, wani lokaci ma ofishin akanta ya kama da wuta. Gaskiya ne, kuma ban ce a hana dakatarwa ba. Amma killace takardu da karɓe makullai aikin kwanaki ne. Dakatarwar da ta wuce haka ta daina kare bincike, ta koma kare wanda ba ya son a gama binciken. Ɓarawon gaske ma ita yake so: yana gida yana cin abin da ya tara, ƙura ta lafa, gwamnati ta sauya, a dawo da shi a biya shi bashin albashi. Mai gaskiya ne kaɗai take karyawa, sannan duk wanda ke kallo a ofis ya koyi darasi. Ranar da aka kawo wa na gaba takarda aka ce sa hannu, ba zai tsaya ƙirga kaya ba.

Ku kanku ba baƙin wannan ɗaci ba ne. Majalisarku ta dakatar da Sanata Ali Ndume a 2017, kotu ta ce ba bisa ƙa'ida ba ne. Ta dakatar da Ovie Omo-Agege a 2018, kotu ta sake faɗin haka. Ta dakatar da Abdul Ningi a 2024, da Natasha Akpoti-Uduaghan wata shida a 2025. Wannan magana ce ta wata rana. Sai dai ko ba komai, naku yana zuwa da adadin kwanaki a rubuce, mutum ya san ranar da zai dawo. Mai kula da sito ko wannan bai samu ba.

Abin da nake roƙo bai fi ƙarfinku ba. Ku koma kan sashe na 11 na dokar Babban Banki, da dokokin sauran hukumomin da aka ba shugabanninsu wa'adi, ku faɗa ɓaro-ɓaro ko ana iya dakatar da su. In ana iyawa, ku faɗi wa zai yi, na kwana nawa, kuma a wace rana dole a kawo maganar gabanku. Kada ku bar wa dokar fassarar dokoki ta riƙa rushe abin da kuka gina.

Sannan kwana 60 ɗin nan ku ɗauke shi daga kundin da hukuma ke bi in ta ga dama, ku sa shi cikin doka, ku ba shi haƙora. In wa'adi ya cika ba a gurfanar da mutum gaban kwamiti ko kotu ba, dakatarwar ta faɗi da kanta, ya koma bakin aikinsa ba sai ya roƙi kowa ba. In bincike na buƙatar ƙarin lokaci, hukuma ce za ta je ta nema a rubuce, ta kawo dalili. Kada a tsayar da albashin mutum gaba ɗaya kafin a same shi da laifi, tunda sashe na 36 na tsarin mulki ya ce a saurari kowa cikin lokacin da ya dace, kuma mai jin yunwa ba ya iya ɗaukar lauya. Jami'in da fayil ya kwana a teburinsa har wa'adi ya wuce, shi ma a ba shi tasa takardar neman bahasin. Na san hurumin ku ma'aikatan tarayya ne, amma jihohi daga kundin tarayya suke kwafar nasu, in kun gyara a Abuja zai iso sakatariyar jiha da ta ƙaramar hukuma.

Akwai kuma abin da ba ya buƙatar sabuwar doka. Kuna da kwamitin harkokin ma'aikata, kuna da na sauraron koken jama'a, kuma sashe na 88 na tsarin mulki ya ba ku ikon bincike. Ku umarci ofishin shugaban ma'aikatan tarayya da Hukumar Kula da Ma'aikatan Tarayya su kawo muku jerin duk ma'aikatan da ke zaman dakatarwa a yau, da ranar da aka dakatar da kowanne, da ranar da kwamitinsa ya zauna na ƙarshe. Ku nemi rahoton kwamitin Salami da na sauran kwamitocin da aka kafa da kuɗin jama'a aka kulle sakamakonsu a durowa, a karanta su a zaurenku.

Wassalam.

Naku,
Wani tsohon ma'aikacin gwamnati,
Kaduna.